Ɗakin da Ya Ƙi Haske

Mai Molo ya sake ɗaure tsirkiya, ya gyara zama, ya kaɗa. Sautin ya fito tas, amma ɗakin yana nan baƙi ƙirin. Can gefen taga ya ji matarsa ta ja tsaki. Allura ta sake soke ta.

A garinsu rana ba ta taɓa huda gajimare ba. Waje dishi-dishi ne, cikin ɗaki duhu, wuta kuwa sai dai ta dafa abinci, ba ta haskawa. Kiɗa da waƙa ne fitilarsu. Idan kiɗa ya ratsa zuciyar mai saurare, haske kan tashi daga jikinsa kamar tururi ya cika wurin. Makaɗi dai ba ya haska wa kansa, sai da wanda zai saurare shi.

Shi kam ya dace da mata. Tun suna ango da amarya, da ya taɓa molo da safe za ta cika ɗakin da haske ruwan zuma, ta zauna tana ɗinkin ado a wuyan riguna har azahar. Maƙwabta har leƙowa suke su zura zare a allura. 'Yarsu ta yi aure ta tafi, suka rage su biyu, hasken bai ragu ba. Sai bayan zazzaɓin da ya kwantar da ita da damina ya fara dusashewa, har ya mutu murus.

Ya ɗora wa molon laifi. Ya canza fata, ya canza tsirkiya, ƙarshe ya kai shi wurin mai gyara. Tsohon ya ce ya ɗan kaɗa ya ji. Kafin ya kai rabin taken, shagon ya haskaka har ana ganin yanar gizo-gizo a saƙo.

"Molonka lafiya lau," in ji mai gyaran, yana dariya. "Kai dai je ka tambayi uwargida laifin da ka yi mata."

Mai Molo bai taya shi dariyar ba. Ya dawo gida yana lura da ita. Yanzu in yana magana sai ta matso ta ƙura wa bakinsa ido, kamar mai jiran ya yi ƙarya. In za ta amsa, da ƙarfi take amsawa, ita da a da sai ya ce mata ta ɗaga murya. Ya tambaye ta ko mai riguna ya aiko, ta ce ai ta zuba gishiri. Tukunya ta tafasa ta zube a bayanta, ko waiwayawa ba ta yi ba. Hankalinta yana wani wuri, shi ne abin da ya faɗa wa kansa, kuma bai so ya tambayi kansa ko ina ne wurin ba.

Ya koma tsofaffin taken da yake kaɗa mata lokacin yana neman aurenta. Ya kaɗa har yatsunsa suka yi bororo. Wata safiya ta taso ta ɗora tafin hannunta a kan fatar molon yana cikin kiɗa. Ya fizge.

"Ba ki haska ba, kuma sautin ma sai kin kashe min?"

Ta koma wurin zamanta ta ɗauki allurarta.

Abin da ya fi cin ransa ya faru ranar da yayarta ta kawo ziyara. Yana taɓa molo, yayar ta haskaka ɓangaren da take zaune, har da tsokanarsa wai tsufa bai taɓa hannunsa ba. Matarsa tana gefenta, cinyarsu na gogar juna, ita kuwa duhu. Rigunan mutane ga su nan jibge a kwando, masu su sun gaji da zarya sun fara kwashe abinsu.

Washegari ya same ta tana wanke kwanuka, ta ba shi baya. Ya tsaya a bakin ƙofa ya amayar da abin da ke cikinsa. Ya ce in ta gaji da shi ta faɗa. In wani makaɗin ne ya shiga ranta, ba zai riƙe ta dole ba. In kuma har yanzu tana sonsa, ta juyo kawai, ba sai ta yi magana ba.

Ta ci gaba da cuɗa tukunya.

Ya saɓa molonsa, ya nufi tasha, zai tafi garin ƙanensa. Har ya sami wuri a amalanke, zuciya ta sake ciyo shi. Shekarun nan duka, a sallame shi da ƙeya? Ya diro. Dole sai ta dubi idonsa ta faɗa da bakinta.

Tun daga bakin layi yake jin waƙa na tashi daga gidansa. Muryar yayar ce, tana rera wata tsohuwar waƙar mahaifiyarsu da iyakar ƙarfinta, har muryar tana shaƙewa. Ya tura ƙofa a hankali. Ɗakin duhu. Bai yi niyyar saurare ba, amma waƙar ta same shi a raunane, sai haske ya tashi daga ƙirjinsa ya bazu.

Ya ga yayar a durƙushe, hawaye shaɓe-shaɓe, ta kafa baki dab da kunnen ƙanwarta tana ta kwarara waƙa. Matarsa ta runtse ido, ta karkata kai, ta damƙe hannun yayar gam.

"Yaya, ki fara mana," ta ce da ƙarfi. "Ki fara in gwada, kafin ya dawo."