Ramukan Ƙusa a Katakon Ƙofa

Tsohon ya dafa katakon ƙofar sabon ɗakin zai shiga, sai ya tsaya cak.

"A ina ka samo wannan?"

"A kasuwar Sinja, Baba," in ji ɗansa, yana sunkuyar da kai kamar makahon uban nasa zai iya ganin idonsa.

Shekara talatin tsohon ya yi yana gyaran layin dogo a ƙaramar tashar garinsu, zamanin da jirgi ke kwasar dawa da riɗi, mata na sayar da shayi a gindin tankin ruwa. Jirgin ya daina zuwa, idanun tsohon suka mutu, amma kullum sai ya tambaya ko an jiyo shi. Shi kuwa ɗan, da aurensa ya matso, ya bi sahun maƙwabta da diga, ya tono katakan da dogo ke kwance a kai.

Yatsun tsohon suka bi katakon a hankali, suka faɗa ramukan ƙusa, biyu nan, biyu can. Ya shinshina hannunsa, ya ji baƙin mai.

Bai yi faɗa ba. Ya dai juyo wajen ɗan.

"To ɗana, ranar da jirgin ya dawo, a kan me zai taka?"