Fuskar Trining

Da hantsi Mang Dalmacio ya sake tsugunawa gaban rumfar Aling Sorsing a kasuwar Quiapo da ke birnin Manila. Ya ɗauki torotot ɗaya, ya warware shi, ya ɗaga wa rana.

Mu 'yan kasuwar dai mun saba. Tun bayan yaƙi, duk zaren fim ɗin da wuta ta rage a buhu ake sayar da shi, mata su nannaɗe su yi torotot, ƙahon nan da yara ke hana mu sakat da shi ranar sabuwar shekara. Tsohon nan kuwa, kafin Manila ta ƙone, layi ake yi don kallon finafinan da ya shirya. Yau ko hoto ɗaya bai tsira da shi ba. Duniya rawar 'yan mata.

Ba tsohon suna yake nema ba. Trining yake nema, tauraruwarsa kuma matarsa, wadda aka ce masa gobarar ɗakin ɗaukar fim ta cinye. Idonsa na dushewa, likita ya ce saura ƙiris, ga shi kamanninta sun fara kuɓuce masa. Abin gwanin ban tausayi.

"Mang Dalmacio, za ka kashe min kasuwa," in ji Aling Sorsing da dasasshiyar muryarta, tana gyara mayafin da ba ya barin kumatunta komai zafi. "Ka warware rabin kayana."

"Guntu ɗaya tak, Aling, mai fuskarta. In gani kafin duhu ya rufe ni."

"In ka samu dafawa za ka yi?"

Ya ƙura wa zaren ido. Ga itatuwan kwakwa, ga barandar da shi da kansa ya sa aka gina, ga jarumin ya durƙusa da jita yana kallon sama. Fim ɗinsa ne! Ya bi zaren zuwa inda Trining za ta leƙo. Daidai nan aka datse. Ya warware na biyu, na uku, duk kanwar ja ce.

Ya miƙe da ƙyar, ya ce sai gobe, ya tafi yana laluben hanya.

Sai da taro ya haɗiye shi Aling Sorsing ta jawo buhu da almakashi, ta shiga datse duk inda fuskarta ta da ta fito a zaren, hawaye na jiƙa mayafin. Ranar da ya samu fuskar zai daina zuwa, fuskar da wuta ta bari a ƙarƙashin mayafin kuwa, Trining ba za ta iya nuna wa mijinta ba.