Saura Shekara Shida

Sau uku Bukari yana goge tabaransa kafin layi ya zo kansa. Ya zauna gaban teburin Madam Aminata, ma'aikaciyar banki, ya ɗora hularsa a gwiwa, ya faɗi abin da ya kawo shi. Ya zo ne a daina yankar masa albashi.

Lissafinsa ba shi da wuya. Shekara tara da suka wuce ya ci bashin miliyan shida na sefa a bankin, ya rushe ginin ƙasar da mahaifinsa ya bar musu a unguwar Zango, ya tayar da na siminti. Ɗaki huɗu da falo, rufin kwano, famfo a tsakar gida. Tun daga lokacin ana cire jika saba'in da biyu, wato sefa dubu saba'in da biyu, duk wata daga albashinsa na direban kamfani, kafin kuɗin su taɓa hannunsa. Ya tara, ya sake tarawa, ya ga ya haura miliyan bakwai. A ganinsa banki ne ma zai mayar masa da canji.

Madam Aminata sa'ar babbar 'yarsa ce, kuma ita ma haihuwar Zango ce. Ta daɗe tana kallon na'urar gabanta kafin ta ɗago.

"Baba, abin da kuka biya a shekarun farko, yawancinsa kuɗin ruwa ne. Uwar kuɗin kaɗan-kaɗan take raguwa. Yarjejeniyar ta shekara goma sha biyar ce. Idan an gama, jimilla ta kusa miliyan goma sha uku."

"Shida na karɓa, 'yata."

"Shida kuka karɓa, Baba. Goma sha uku kuka sa wa hannu. Saura shekara shida."

Ya tuna ranar sa hannun. Abu ɗaya ya tambaya, nawa ne a wata, aka faɗa masa, ya ga zai iya. Bai tambayi nawa ne duka ba, ba wanda kuma ya ga dalilin faɗa masa.

Shekara shida. Makon jiya likitan kamfani ya haska masa ido, ya girgiza kai. Maigidansu ya kira shi gefe, ya ce ƙarshen shekara zai ajiye makullin mota. 'Yarsa Nafisatu ta ci jarrabawar makarantar ungozoma, kuma ya riga ya yi mata alkawari a gaban ƙannenta cewa daga watan gobe albashinsa cikakke ne.

Muryarsa ta tashi har mutanen layi suka waiwayo.

"To ku ɗauki gidan! Na ba ku. Ku ɗauka, ku sakar mini albashina!"

Madam Aminata ta sunkuyar da kai. Da ƙyar ya ji abin da ta ce.

"Baba, ku ma kun san ba zai yiwu ba."

Ya hau tsohon ɗan babur ɗinsa, mobilet, ya nufi unguwar Bilbalogho, wurin Iro mai sayar da taya, abokinsa tun suna samari. Iro ya saurare shi, ya buɗe akwatin ciniki ya nuna masa cikinsa, ba wani abin kirki, ya tura masa jika biyar a aljihu. Daga nan ya wuce unguwar Pissy wurin ƙaninsa Maman, ya same shi yana loda tsakuwa a motar da ba tasa ba. Maman ya ce rabonsa na kuɗin diyya ya daɗe da ƙarewa, yanzu ko abincin gida da ƙyar. Da Bukari ya juya zai tafi, Maman ya riƙe kan mobilet ɗin.

"Yaya, don Allah ka wuce Cissin wurin iyalinka kai tsaye. Kada ka biya can yau."

Bukari ya zare hannun ƙaninsa a hankali, ya tayar da inji.

La'asar ta yi sanyi lokacin da ya isa Zango. Unguwar shiru, ko kukan yaro babu. Ya kafe mobilet a gindin mangwaron da ya dasa shekarar da aka haifi autarsu, ya yi sallama kamar yadda ya saba. Ba wanda ya amsa. Shekara uku ke nan matarsa Kausara da yara suna Cissin.

Ya zauna a falo, ya miƙe ƙafa. Nan aka yi sunan autar. Can kusurwa mahaifiyarsa ta cika, kanta a cinyarsa. Ya shiga lissafin abin da zai iya sayarwa, ya ga bai wuce mobilet da agogon hannu ba. Ya rufe fuska da hula, kafaɗunsa suka fara rawa.

Wayarsa ta yi ƙara. Kausara ce.

"Malam, kana ina? Nafisatu tun azahar take leƙen hanya."

"Ina gida."



"Ka taho," ta ce. "Ko me suka faɗa maka, ka taho mu ji tare. Kada magariba ta same ka a wurin nan."

Ya ce to. Ya share ido, ya tashi, ya karkaɗe jar ƙasa daga wandonsa. Zai je ya faɗa wa Nafisatu ta jira. Zai roƙi maigida ko aikin gadi ne ya ba shi. Zai biya, wata bayan wata, har shekara shidan su cika.

Ya fita ta ƙofa, don bai taɓa yarda ya tsallake bango ba, ko da yake tun ranar da katafila ta shiga Zango ta rushe unguwar shekara uku da suka wuce, babu ƙofa a wurin, babu bango, babu gida, sai fili da ciyawa da mangwaro guda.