Amsar da Kyamara Ba Ta Ɗauka Ba

A 1912, a Fort Lee, finafinanmu ba su da murya. Ɗan wasa kan faɗi abin da ya ga dama, muddin bakinsa na motsi. Ni ke juya hannun kyamara ranar da Orville, cikin kayan sojan yaƙin neman 'yancin Amurka, ya durƙusa gaban Lavinia.

"Wannan ba wasa ba ne," ya ce ƙasa-ƙasa. "Ki aure ni."

Daga can baya darakta ya ƙwala ihu: "Murmushi, Lavinia! Kin amince fa!"

Ta yi murmushi, ta gyaɗa kai yadda aka tsara.

"Shekara uku ina jiran maganar nan, Orville. Sai yau? Ranar Lahadi na amsa wa wani."

"Rungume ta!"

Ya miƙe ya rungume ta, hularsa ta faɗi. Hawayenta na jiƙa masa kafaɗa, murmushin kuma yana nan.

"Yauwa, hawayen murna!" in ji darakta. "Ba sai an maimaita ba."

Da fim ya fito, an rubuta mata: "Na amince." Orville ya je kallonsa sau tara.