Shekarun da Aka Auna da Kunne

"Hajiya, a wace shekara aka haife ki?" in ji alƙali.

Tambayar da take tsoro ke nan tun da ta baro Toranke. Shekara talatin tana karɓar haihuwa a asibitin ƙauye. An rubuta mata ƙarin girma, amma har ta yi ritaya ba a aiwatar ba, fanshonta ya tsaya a tsohon mataki. Abin da ya kawo ta kotun ma'aikata ke nan. Yanzu lauyan ma'aikatarsu yana cewa ta rage shekaru, wai ta haura sittin kafin takardar ta fito. In kotu ta yarda, ƙarin ya tafi, kuma maƙaryaciya za a kira ta a garinsu.



"Ranka ya daɗe, ban sani ba," ta ce da alƙali. "Ranar da aka sa mu firamare, hedimasta ya jera mu a gindin darbejiya. Duk wanda hannunsa ya kai, shekararsa shida. Abin da ya rubuta nake bi har yau."

Matashin lauyan ya yi dariya. "Ya kai ina, Baba?"

Ta ɗaga hannun dama, ta zagayo da shi ta saman kai, ta kama kunnen hagu.

Ta runtse ido tana jiran tsawa. Da ta buɗe, sai ta ga alƙalin, mai furfura irin tata, ya ajiye biro. Hannunsa yana kan nasa kunnen.