Littafin da Mushe Abdurazak Ya Ci

Ku yaran yanzu wautarku ta ishe ni. Da kun ga an buga magana da inji an yi mata bango, sai ku rantse a kanta. Tsohuwar da ke ɗakinku kuwa ba ku taɓa tambayarta ko sunan garinsu ba. To ku zauna ku ji abin da ya sami Mushe Abdurazak.

Malamin lakwal ne, wato makarantar boko, a Tawa, shi ya sa ake ce masa Mushe da Faransanci, ya yi ritaya. Tun da aka yaye shi aka kawo shi gidan baffansa a birni, ya tashi da Faransanci a baki da girman kai a wuya. Da zaman banza ya dame shi sai ya rubuta littafi mai shafi ɗari da goma sha biyu a kan Tungar Baushe.

Tungar Baushe ƙauyen mahaƙan rijiya ne a arewa da Takanamat. Tsofaffi sun ce shekara saba'in da 'yan kai da suka wuce wani mai ƙarfi, Alƙasum, ya so rijiyarsu suka hana shi. Ya zo da mutanensa ranar wata Laraba da hantsi, suka kashe maza da mata, suka ƙone rumbuna. Alƙasum kakan Mushe ne na wajen uba.

Littafin ya ce ba a kashe ko kaza ba. Yunwa ce ta watsa su. Ya ce jikokinsu maƙaryata ne tun daga jini, masu kukan gado, ko rijiya suka haƙa karkatacciya ce. Samari suka haddace wannan, suna jifan 'ya'yan mahaƙa da shi a lakwal da kasuwa, har wasu suka fara ɓoye asalinsu.

Duk wanda ya zo da labari, Mushe sai ya tambaye shi ko da idonsa ya gani. In ya ce uwarsa ce ta gaya masa, sai ya yi dariya ya ce uwa ba takarda ba ce. Ran nan a gidan rediyo ya rantse da Allah cewa in aka kawo masa mutum ɗaya mai rai da ya gani, zai cinye littafin har bango.

Nasiratu, mai gabatar da shirin, ta riƙe maganar. Bayan sati uku ta shimfiɗa tabarmi a farfajiyar gidan rediyon da safe, jama'a suka cika, ta ce an sami shaida daga wani ƙauye. Mushe ya zo da tabarau da littafinsa a hammata, ya zauna a kujera ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya.

Aka shigo da wata tsohuwa 'yar firit, Kaltumi, tana dogara sanda. Mushe ya sauke ƙafarsa. Ya zame daga kujera ya tsuguna a ƙasa, ya tuɓe takalmi. Samarinsa suka ce ciwon gwiwarsa ne ya tashi.

Tsohuwa ta zauna ta ba shi baya. Nasiratu ta ce, "Inna, ga Mushe Abdurazak nan, ki dube shi ki faɗa." Ta ja mayafi ta ƙara juyawa wajen bango, ta ce a gaya wa wancan ya buɗe kunne. Mutane suka ce ƙiyayya ce, kuma ba su ga laifinta ba.

Ta ce tana da shekara shida. Uwarta ce ta cusa ta a rumbu ta rufe, ta kafar ƙasa ta ga kome. Ta ɗauko tasbaha ta fara kiran sunaye, kowane suna da ƙwaya ɗaya, har arba'in da ɗaya. Ta naɗe hannun riga ta nuna ƙunar da ta kama daga gwiwar hannu zuwa kafaɗa. Ta ce Alƙasum da kansa ya jawo ta daga wuta ta ƙafa, ya aza ta bisa raƙumi, a gidansa ta girma tana daka. Ba wanda ya taɓa tambayarta, ita kuma ba ta karatu. Sai da aka fassara littafin a rediyo ta ji abin da ke ciki.

Samari suka zuba wa Mushe ido, suna jiran ya tambaye ta takarda kamar yadda ya saba. Wani ya raɗa masa ya ce tsufa ne ya rikita ta. Mushe ya daka masa tsawa. Sannan ya buɗe littafin, ya yage shafin farko ya tura a baki.

Takardar Turawa ba ta haɗiyuwa da daɗi. A shafi na tara idanunsa sun yi ja, wata mai fura ta ji tausayi ta kawo ƙwarya yana tsomawa. Nasiratu ta ce ya isa haka, jama'a sun yafe. Tsohuwa ta miƙe, ta faɗa wa bango magana ɗaya, ta fita.

Kwana huɗu ya yi yana ci a farfajiyar nan, mutane na zuwa kallo har daga Afala. Bangon littafin ya fi ba shi wuya, sai da aka jiƙa shi yini guda. Ya yi sati biyu a asibiti cikinsa ya ɗaure kamar dutse, kuma bai sake riƙe alƙalami ba.

Da ma ba rantsuwar ta tsare shi ba, ya sha karya irinta. Abin da Kaltumi ta faɗa wa bango ne, cikin kunyar da ke hana mace duban ɗan farinta ko kiran sunansa: "Ku gaya wa wancan, nonon da ya sha a ƙirjina ban yafe mishi ba sai ya haɗiye shafin ƙarshe."