'Yar Hantsi

Talata, goma sha uku ga Agusta. An kwana ana ruwa, gari ya waye da sanyi, hadari bai gama watsewa ba.

Malama Taiba ta fito daga mashigin rafi riƙe da takalmanta, zanenta sharkaf. Motar da ta ɗauko ta daga Maradun ta ƙi shiga ruwan, ita kuwa ta ce ba za ta koma gida da wasiƙar nan ba. Ta laluba jakarta. Ambulan ɗin na nan cikin leda, bai jiƙe ba. Agogon hannunta ne ya tsaya, a kan tara da kwata.

Wasiƙar zuwa ga ƙanwarta ce, Mufida, da ke aure a Bakura. Shekara biyu ke nan ba sa magana. Mufida ta haifi ɗiya ta sa mata sunan Taiba, ita kuma Malama Taiba ranar suna tana ajin jarrabawa tana tsaron ɗalibai, ko saƙo ba ta aika ba. Sau uku ta shirya zuwa Bakura tana fasawa. Ba ta iya ba da haƙuri da baki ba, alƙalami ta iya. Abin da ya rage kawai ta isa gidan waya na Mafara kafin a tashi.

Motocin kasuwa na wucewa, ba wadda ta tsaya mata. Ta ci gaba da ƙafa.

Wasu mata biyu na gabanta ɗauke da ƙwaryar nono, suna hira.

"Yau ranatta ta," in ji babbar. "Talata, kuma an kwana ruwa."

"Wa?"

"'Yar Hantsi mana. Sai ta yi miki sallama, ta ce ƙarhe nawa. In kin amsa, kina ɗaga kai kin ga la'asar ta yi. Wunin ya tahi, nonon ya yi tsami."

Taiba ta yi murmushi. Ita da ta koyar da kimiyya shekara goma sha biyar, ba ta taɓa jin wannan camfin ba. Duk da haka ta waiwaya. Ba kowa a bayanta. Ta ɗaga ƙafa ta cim musu.

"Salamu alaikum. Don Allah ko ɗayanku na da agogo?"

Matan suka sunkuyar da kai, suka saki hanya suka faɗa cikin gonar gero.

Haka aka yi mata a bakin tasha. Haka mai shayi ya yi, har yana karanta addu'a ƙasa-ƙasa. Garin ma ya yi mata wani iri: babura kamar fara, mutane na tafe da wani ɗan abu manne a kunne suna magana su kaɗai. Ta nemi shagon Giɗaɗo mai littattafai, ta tarar ana sayar da siminti a wurin. Dubban mutane sun zo cin kasuwa, amma ko ɗaya bai dube ta a ido ba. Zanenta kuwa ya ƙi bushewa.

Gidan waya na nan inda ta san shi, sai dai fentinsa ya koɗe. Ba layi. Mace ɗaya ce zaune bayan kanta, ba za ta wuce shekara talatin ba.

"Ina kwana, ɗiyata. Don Allah ƙarfe nawa? Ban makara ba ko?"

Ma'aikaciyar ta dubi zanen da ke ɗiga. Ta daɗe tana kallon fuskar baƙuwar.

"Sha ɗaya saura, Inna. Ba ki makara ba."

Taiba ta ji wani nauyi ya sauka daga ƙirjinta. "Allah shi yi miki albarka. Tun safe ke kaɗai kika amsa mini."

Ta miƙa ambulan ɗin, da kan sarkinsa manne tun daga gida. Ma'aikaciyar ta karanta adireshin.

"Kin rubuta Bakura, Jihar Sakkwato."

"To da wace jiha zan rubuta?"

Bakura kuwa ta daɗe da fita daga Jihar Sakkwato. Ma'aikaciyar ta ɗauki hatimi ta buga.

"Za ta isa?" Taiba ta tambaya.

"Yau ɗin nan, in Allah ya so. Hannu da hannu."

Da ma'aikaciyar ta ɗaga kai, ana kiran sallar la'asar. Ba kowa a gabanta sai ruwa kwance a ƙasa, babu sawu ko ɗaya. A gaban ambulan ɗin sunan mahaifiyarta ne, Mufida, a bayansa kuma sunan da aka raɗa mata ita kanta, sunan yayar uwarta da ruwa ya tafi da ita a mashigin rafi ranar Talata, goma sha uku ga Agusta, 1996.